Ruwan Baba Bai Kai Sadakar Bakwai Ba

Na Allah muke, kuma can za mu koma, ba wanda zai yi saura. Baba ya rasu a farkon daminar bana, da hantsi, yana zaune a kan bencinsa da ke can bayan gidanmu, gorar kwashe ganye tana kwance a cinyarsa. Ni na tarar da shi. Na yi sallama bai amsa ba, na zaci gyangyaɗi yake yi, har na fara tsokanarsa cewa mai gadi ya yi barci a bakin aiki.

Kafin azahar Jibiya ta cika ƙofar gidanmu. Tsofaffin direbobin da suka yi zamani da shi a hanyar Maraɗi sun zo, wasunsu daga tsallaken iyaka. Liman ya ce bai taɓa neman Baba a sahun gaba ya rasa ba. Wani dattijo ya yi kuka kamar yaro, yana ba da labarin yadda Baba ya taɓa sauke kayansa ya ja masa mota daga daji har gari, alhali ko sunansa bai sani ba a lokacin. Kowa ya faɗi alheri, ban ce wani ya yi ƙarya ba. Amma na lura da abu guda. Duk wanda ya gama yabo sai ya rage murya ya ƙara da cewa, "Sai dai kududdufin nan nashi." Sai a yi ɗan murmushi, a girgiza kai, a ce Allah ya yafe masa, kamar wanda aka taɓa kamawa da abin kunya.

A cikin gida ma haka. Goggo, ƙanwar Baba, tana zaune a tsakiyar mata tana karɓar gaisuwa, sai na ji ta ce wa wata maƙwabciya, "Mutumin kirki, wallahi. Amma kin taɓa ganin namijin da ya ƙare rayuwarshi shina yi ma ruwa wanka?" Matan suka rufe baki da mayafi suka yi dariya a hankali, irin dariyar gidan makoki. Ina kusa da su, idona a kumbure. Ba a yi wa goggo musu a ranar da aka binne yayanta. Abin da na haɗiye ranar shi nake amayarwa yanzu, kuma ban yi niyyar tausasa shi ba.

Abin da suke kira kududdufi kwamin iyo ne da Baba ya gina a bayan gidanmu. Shi yana ce masa fisin, yadda ya ji ana faɗa a Nijar. Wanda bai san dalilin gina shi ba yana da damar yin dariya. Goggo ta sani.

Muna yara akwai wani kududdufi na gaske a bayan unguwarmu, inda aka haƙi ƙasar gini. Da damina yakan cika ya yi kauri kamar kunu. Ƙanwata, wadda ke bi na, ta faɗa ciki wata ranar Laraba tana bin ɗan akuya. Baba yana Maraɗi da kaya. Maza sun taru a bakin ruwan har ba wurin tsayawa, kowa yana salati, ana ta caccaka gora a inda ake zato. Ba wanda ya iya ruwa, kuma ko da akwai, ba a ganin ko tafin hannu a cikinsa. Sai washegari ta taso da kanta, a wani gefen da ba wanda ya duba, kusa da bakin da mutane suka kwana a tsaye. Baba ya iso bayan an binne ta. Ya je ya tsaya a wurin, ya tambayi zurfinsa, aka nuna masa a jikin gora. Bai kai ƙirjin babban mutum ba.

Baba bai ƙara kiran sunanta ba har ya mutu. Inna kuwa ta daina bin hanyar da ake hango ruwa.

A wani masaukin baƙi na Maraɗi, inda yake kai kaya, Baba ya ga kwamin da ake ganin ƙasansa tas. Ya ce ya tsaya yana kallo har mai kula da wurin ya zaci ɓarawo ne. Ya riƙa komawa yana zama da mutumin, yana kai masa goro, yana tambaya, har ya koyi iyo da furfura a gemunsa, ya koyi yadda ake riƙe ruwa kada ya juya. Daga nan ya sayar da gonarsa ta hanyar Bugaje, ya haƙa rijiya, ya kira magina. Kwamin Maraɗi shuɗi ne, amma Baba ya sa aka shafe nasa da fari fat, ya ce yana so ko ƙuda ya faɗa ya gan shi daga zaure. Ya kewaye wurin da katanga, ya sa ƙofar ƙarfe, makullin yana rataye a wuyansa tare da na ɗakin ajiya.

Ni yake kira Uwata, saboda sunan mahaifiyarsa aka sa mini. Ni ya fara koya wa. Na sha ruwa na sha kuka, na rantse ba zan ƙara shiga ba, ya ce, "Uwata, yi kukanki ki gama, ruwa na jiranki." Haka ya bi yaran gidan ɗaya bayan ɗaya, sannan yaran maƙwabta, duk wanda iyayensa suka yarda. Da na girma sai ya bar mini 'yan mata da matan aure. Ranar mata yakan kulle ƙofar da kansa, ya miƙo mini makullin ta sama, ya ɗauki tabarma ya koma zaure ya zauna da sanda. Ko ɗan shekara bakwai bai isa ya wuce shi ba.

Aikin ruwan kuwa ba ya ƙarewa, kuma ban taɓa jin ya yi ƙorafi ba. Daga masallacin asuba wajen kwamin yake wucewa. Ya bi saman ruwan da raga a bakin gora, ya kwashe ganyen bedi da ƙwari da kwaɗin da suka yi baƙunta. Ya goge bango da buroshi, musamman kusurwoyi, don a can gansakuka ke fara ɓuya. Ya tada injin da ke jan ruwan ya bi ta cikin duro mai yashin gulbi, yashin da shi da kansa yake tankaɗewa da rariya. Maganin ruwan, kulorin, wanda yake kira jabel, sai rana ta yi sanyi yake zubawa, wai rana mayya ce, tana shanye shi kafin ya yi aiki. In an yi ruwan sama sai ya ƙara, ya jiƙa alif ya watsa, dauɗa ta kwanta a ƙasa, ya zuƙe ta da tiyo a hankali kamar mai tsoron tada jariri. Lokacin da aka rufe iyaka jabel ɗinsa ya yi wuya, na ga Baba ya haƙura da shayi da nama, amma ban ga ruwan ya yi hazo ba.

Dokokinsa sun fi na barikin soja. Ba a shiga da man shafawa a jiki. Mai sabon lalle ta jira. Kowa ya fara zagawa bayi, ya wanke ƙafa a bokiti. Yakan tsare yara da ido ya ce, "Wanda ya yi hitsari ciki, ruwan zai hwaɗa mini sunanshi." Har na yi aure ina zaton da gaske ne.

Amma babbar dokar guda ce. Kowace safiya, bayan ya gama, sai ya zaro wata 'yar munduwar tagulla daga aljihu ya jefa a wuri mafi zurfi. Ya koma bakin ƙofa ya tsaya. In ya hango ta daga can, har ya ga ɗan tsagin bakinta, sai ya ce a shiga. In bai gani ba, ko duniya za ta taru ba mai sa ƙafa. "In ban ga ƙasa ba, ba mai shiga," haka yake cewa, ba ya ƙarawa. Munduwar ba ta shiga hannun babba. Duk gidan mun san a hannun wa aka cire ta ranar da aka yi mata wankan gawa, kuma ba wanda ya taɓa tambayarsa.

Garin bai bar shi ya huta ba. Aka ce almubazzaranci ne, mutane na sayen ruwan garuwa shi yana tara na wasa, alhali daga rijiyar nan rabin layinmu ke ɗiba. Aka kai maganar gaban Liman, wai ruwan ya canja wari, alwala ba ta inganta da shi. Liman ya zo ya shinshina ya ce lallai gara a nemi wani ruwan. Baba ya yi dariya ya ce, "Allah gafarta Malam, ga buta can ga randa. Wanga ba don alwala na gina shi ba." Suka rabu lafiya, daga baya ma Liman ya turo jikokinsa maza.

Wanda ba su rabu lafiya da shi ba Yaya ne, babban wanmu. Ya daɗe da ciwon gonar Bugaje a ransa. Da 'yarsa ta fara tafiya da gudu, Baba ya ce a kawo ta ta saba da ruwa. Yaya ya ce a'a. Ina tsakar gida ina tankaɗe, duk na ji.

"Baba, mutane na cewa gidanmu ya koma otal. Ɗiyata ba ta shiga."

"Mutanen da ke cewa haka, suna ina ranar da ƙanwarka ta hwaɗa?"

"Ƙaddara ce, Baba. Kwananta ne ya ƙare."

"Na sani. Ban yi musu da Allah ba. Amma maza nawa ne a bakin ruwan nan? Kowa na salati, ba mai shiga. Kai ma kana cikinsu."

Yaya yana saurayi a lokacin da abin ya faru, kuma gaskiya ne yana cikinsu. Maganar ta yi nauyi. Yaya ya tashi ya fita bai rufe ƙofa ba. Daga ranar yana zuwa gaisuwa, yana kawo cefane, amma bai ƙara leƙa wajen kwamin ba, kuma 'yarsa ta kai shekara biyar ba ta san yadda ake riƙe numfashi ba. Na san abin da ke cin Yaya. Sanin bai sa na yafe masa abin da ya biyo baya ba.

Cikin masu gaisuwa mace ɗaya ce ba ta yi dariyar Goggo ba. Daga wani ƙauye ta zo ta wajen Gangara, da 'yar ƙwaryar gero a kanta. Shekarar da zaman ƙauye ya gagara sun yi gudun hijira zuwa cikin gari, suka zauna a kangon da ke bayanmu. Baba ya ga 'yarta tana leƙe ta ƙasan ƙofa, ya aika aka kira uwar, ya roƙe ta kamar shi ne mai neman alfarma. Ni na koya wa yarinyar. Bayan sun koma gida, wata rana rafi ya kawo suna tsakiyar ƙetarewa, ya ɗauke ƙaninta, yarinyar ta bi shi ta jawo shi. Matar ta ce mini, "Ɗiyar Alhaji, kai ni in ga ruwan." Na kai ta. Ta tsaya ta yi addu'a mai tsawo, sannan ta nuna da baki ta ce, "Mi ne ne wancan a ƙasa?"

Munduwar ce. Ashe Baba ya jefa ta safiyar da ya rasu, ya gan ta, ya ɗauki gora zai ciro, sai ya zauna ya huta. Tana nan kwance a kan farin siminti, ana ganin tsagin bakinta sarai. Na yi niyyar ciro ta, sai na ji ba zan iya ba, abu na ƙarshe ke nan da hannunsa ya ajiye. Na ce a raina bari ta zauna ta ci gaba da aikinta, muddin ina hango ta yaran da suka cika gidan nan suna cikin aminci.

Da yamma na je ɗakin ajiya zan ɗebo jabel, na tarar da sabon kwaɗo a ƙofar. Baffa, ƙanen Baba, shi ya sa. Ya tattara gora da raga da buroshi da tiyo ya zuba ciki ya kulle. Na same shi a zaure na durƙusa.

"Baffa, a taimaka a buɗe mini in ɗebi maganin ruwa. Cokali kaɗan ne."

"Ba a taɓa kayan mamaci sai an raba. Ke ma kin sani. Akwai ƙannenki marayu ƙanana ciki, ko allura ce haƙƙinsu ce."

"To a rubuta a kaina, a cire a rabona."

"Ba ki da rabo sai an raba, ɗiyata. Ki ji tsoron Allah. Ubanki na kwance, ke kina ta ruwan wasa?"

Baffa ba mugu ba ne, tsoron Allah yake yi da gaske, kuma shi ya sa ba a iya motsa shi. Na koma wajen Yaya. Na tarar ya riga ya sa an zare wayar sola daga injin an kai ƙofar gida, ana juya fankoki a rumfar manyan baƙi. Na ce masa ruwan da ba ya motsi a wannan zafin ba ya kwana uku. Na ce in ba za a kula da shi ba a zubar, ko a kulle ƙofar. Ya ce ba za a zubar ba, mata na bukatarsa don wanke-wanke, gidan cike yake da jama'a. Makullin ƙofar kuma yana wajen Baffa tare da sauran, kuma ƙofar a buɗe aka same ta, a buɗe za ta zauna. "Gidan makoki ne nan," in ji shi, "ki tahi ki zauna cikin mata."

Na zauna cikin mata, ina kallon abin da ake yi wa ruwan Baba. Aka fara da ɗiba a bokiti. Da aka gaji da ɗiba sai aka kai tukwanen bakin kwamin, ana ɗauraye su a ciki, man ja yana yawo a sama. Waɗanda suka ce alwala ba ta inganta da shi na gan su da idona suna tsoma ƙafa. Na aika aka sayo mini ruwan wanki mai kulorin na zuba a ɓoye, amma ba inji, ga maiƙo, ga rana, kamar na zuba a rairayi. Ran sadakar uku munduwar ta koma inuwa. Sai aka yi ruwan sama mai ƙarfi, ya wanko ƙasar katanga da ganyen bedi. Na riƙa ɗaure ƙofar da tsumma, ina juya baya sai a kwance shi. Na kori yara har muryata ta dushe, Goggo ta ce baƙin ciki ya taɓa mini kai.

Ana gobe bakwai na tsaya a inda Baba yake tsayawa. Ban ga komai ba. Na matsa har bakin, na durƙusa, na kare ido da hannu. Ruwan ya yi kore kamar miyar kuka. Na je na gaya wa Baffa da Yaya a gaban mutane, ban rage murya ba, na ce ba a ganin ƙasa, a kulle ƙofar nan. Baffa ya ce in yi haƙuri, gobe a gama sadaka a zauna a yi magana.

Ran bakwai gidan ya fi ranar farko cika. Ana tsakiyar rabon waina sai matar Yaya ta miƙe ta ce, "Wa ya ga yarinyar nan?" Aka ce tana waje wajen ubanta. Aka leƙa, ba ta can. Ni ban tsaya neman ɗakuna ba. Na ruga wajen ruwan, na ga silifas ɗinta ƙafa ɗaya a bakin kwamin, kusa da wata tukunya, ruwan kuma shiru, ko motsi ba ya yi.

Ihun matar Yaya ya jawo maza. Suka shigo suka jeru a bakin ruwan. Na ji salati ya tashi. Wani yana cewa a kawo gora, gorar kuwa tana ɗaki a kulle. Na ɗaga ido na ga Yaya a cikinsu, bakinsa a buɗe, hannayensa a kansa, ya koma saurayin nan na bakin kududdufi. Na yar da mayafi, na tattare zanina na cusa a ƙugu yadda nake koya wa mata, na faɗa.

Ban taɓa shiga ruwan Baba na buɗe ido na ga duhu ba sai ranar. Na nutsa har ƙasa ina lalube, simintin ya yi santsi da gansakuka. Na taso na ja numfashi na koma ta wajen zurfi. Yatsuna suka taɓa wani ɗan ƙarfe mai zagaye. Na san ko mene ne, na sake shi, don ba shi nake nema ba. Gaba kaɗan na kama ƙafa. Na rungumo ta da hannu biyu na tunkuɗo sama. Na shimfiɗa ta a bakin kwamin na danna mata ƙirji, na hura mata a baki, yadda Baba ya sa na yi ta gwadawa a kan matashin kai ina jin haushi. Na daɗe ina yi. Can ta yi tari, ta amayo koren ruwa a fuskata, ta tsala kuka.

Ta rayu. Alhamdu lillahi, wannan ba na gajiya da faɗa. Muka kai ta asibiti, na kwana a can tare da uwarta, kayan jikina suka bushe a kaina.

Da na dawo washegari da rana, tun daga bakin layi na hango tulin jar ƙasa a ƙofar gidanmu, da leburori suna shiga da baro suna fita. Yaya ne ya kira tifa tun da safe. Ko kwashe ruwan ba su yi ba, a kansa suka riƙa juyewa, ya malalo ta tsakar gida ya bi lungu. Kafin in isa wurin kwamin sun cike wajen zurfi sun daddanne. Maza suna tsaye suna sa albarka. Na ji wani yana cewa, "Da ma an sha hwaɗa ma marigayi, abin nan sai ya ci rai." Ba wanda ya ce shekara da shekaru yara suna shiga ruwan nan ba a taɓa neman ko ɗaya an rasa ba. Ba wanda ya tambayi inda matar da ta ciro yarinyar ta koyi iyo.

Na tsaya a gaban Baffa, ban durƙusa ba. Na ce, "Baffa, cokalin magani haƙƙin marayu ne, amma kwamin gaba ɗaya ba haƙƙinsu ba ne?" Ya ce wannan kawar da cuta ne, babu laifi. Ya faɗa yana kallon ƙasa. Yaya kuwa ya ce mini ya gode, sau ɗaya, a bakin zaure, bai iya haɗa ido da ni ba. Da aka zo rabon gado aka buɗe ɗakin ajiya, ba wanda ya so gora da raga da buroshi da sauran jabel. Ni aka tura wa su. Suna nan jingine a bayan ɗakina, kuma yarinyar Yaya yanzu ko wanka za a yi mata sai an riƙe ta.

Allah ya ji ƙan Baba. Allah ya haskaka masa kabarinsa yadda ya haskaka ƙasan ruwan nan, ya haɗa shi da wadda ya kasa kiran sunanta. Waɗanda suka yi dariya, Allah ya raba 'ya'yansu da ranar da za su gane.

Saura abu guda, shi ne ya fi ci mini rai. Inna, tun da aka gina kwamin, ba ta taɓa taka wurin ba. Ba ta taɓa cewa a yi ba, ba ta taɓa cewa a bari ba. Duk mun ɗauka tana cikin masu ƙin abin, kawai kunyar Baba ce ta hana ta magana. Ranar da aka cike shi, bayan leburori sun tafi, na shiga ɗakinta. Tana zaune a kan tabarmar takaba, carbi a hannu. Ta tambayi jikin yarinyar, na ce da sauƙi. Sannan ta ce, ba ta dube ni ba:

"Munduwar fa? Kin hiddo ta?"

Na ce, "Na taɓa ta, Inna. Hannuna biyu na kan yarinyar."

"Kin yi daidai," in ji ta. Ta ja carbi ɗaya, ta ja biyu. Sannan ta tashi, ta ɗauki mayafinta, ta bi ta tsakar gida inda ruwan ya bar kore a ƙasa, ta shiga ƙofar ƙarfen nan karon farko a rayuwarta. Ta tambaye ni ina ne wajen zurfi, na nuna mata. Ta je ta tsuguna a kan jar ƙasar, ta dafa ta da tafin hannu.

"Ba ta cikin gado," ta ce. "Tawa ce. Ita kaɗai ta rage mini. Aro na ba shi."